Tsakanin Allura da Lissafi: Ina Asalin Illmatic Yake?

Duk wanda ya san waƙar "The World Is Yours" ta Nas, da jin fiyanon farko zai gane ta. Amma hannun da ya taɓa fiyanon nan bai taɓa shiga ɗakin da aka naɗi waƙar ba. Hannun Ahmad Jamal ne, gwanin kiɗan jaz ɗan birnin Pittsburgh, kuma ya kaɗa shi tun a 1970, shekara uku kafin a haifi Nas, a wani kiɗa mai suna "I Love Music" da ke cikin faifansa The Awakening. Daga yatsunsa sautin ya shiga makirfo, daga makirfo ya hau tef, daga tef aka sassaƙa shi a jikin baƙin faifan garmaho. Faifan ya yi shekara ashirin da ɗoriya yana yawo a duniya kafin mai haɗa kiɗa Pete Rock ya ɗora masa allura a ɗakinsa na ƙarƙashin ƙasa a Mount Vernon, ya yanko 'yan daƙiƙu, ya zuba su a na'urar da ke mayar da sauti lambobi, ya yi ta juya su har suka zama shimfiɗar da Nas ya hau ya jero baitocinsa.

Yau wannan fiyano yana isowa kunnen masu saurare ta hanyoyi biyu da aka daɗe ana tafka gardama a kansu. Akwai masu baƙin faifai, waɗanda ke cewa sauti bai cika sauti ba sai allura ta bi ta kansa. A nan ne, in ji su, ake jin ɗumi, ake jin ganga tana dukan ƙirji. Akwai kuma masu dijital mai babban awo, irin wanda Qobuz da Tidal ke tallatawa, Apple Music ma ta shigo da shi a 2021, waɗanda ke cewa nasu ya fi kusa da abin da injiniya ya ji a sitidiyo. Kowane ɓangare yana da kasuwarsa. A 2022 an sayar da faifan garmaho miliyan 41 a Amurka, CD kuma miliyan 33, karo na farko ke nan tun 1987 da tsohon ya sha gaban wanda aka ce ya zo ya gaje shi.

Ƙarƙashin wannan gardama ta kunne akwai tsohuwar tambaya ta masu falsafa. Duk wanda ya ce wannan ya fi wancan gaskiya, ya riga ya ɗauka cewa akwai wani asali a ajiye wanda za a auna su da shi. To, a faifan da aka gina da gutsattsarin faifan wasu, ina asalin yake? Idan kuma kunne ya kasa rarrabewa, da me za a yanke hukunci?

Illmatic, faifan Nas da waccan waƙa ke ciki, ya fito ranar 19 ga Afrilu, 1994, a ƙarƙashin kamfanin Columbia, Nasir Jones, wato Nas, yana da shekara 20 a duniya. Waƙoƙi goma ne, duka-duka ba su cika minti 40 ba. Yaron ya tashi a Queensbridge, rukunin gidajen gwamnati mafi girma a Amurka, kuma abin da ya gani a unguwar shi ya zuba: abokan da ke kurkuku, waɗanda aka binne da ƙuruciya, sintirin 'yan sanda, da burin tsira. Manyan masu haɗa kiɗa na New York suka taru a kansa, DJ Premier da Pete Rock da Large Professor da Q-Tip da L.E.S., mujallar The Source kuma ta ba faifan makirfo biyar, makin da ba kasafai take bayarwa ba. Premier ya sha ba da labarin yadda aka naɗi "N.Y. State of Mind": Nas ya tsaya gaban makirfo da takardar da ya gama rubutawa, ya ce bai san ta inda zai fara ba, Premier ya yi masa alama da hannu, shi kuwa ya kwararo baitin farko gaba ɗaya ba tare da tuntuɓe ba. Wannan 'yar fargabar tasa tana nan a farkon waƙar, ba a goge ta ba.

Kafin a je ga falsafa, ya kamata a san yadda kowace hanya ke ɗaukar sauti. Baƙin faifai mai dogon zango, wanda Columbia ɗin nan ce ta fito da shi a 1948, yana ajiye sauti a siffar lanƙwasa. Siririn kwari ɗaya tak ya nannaɗe daga bakin faifan zuwa tsakiyarsa, allura na bin sa tana rawa, rawar ce ake mayarwa lantarki, lantarkin ya motsa lasifika. Matsalar ita ce sauti mai kauri, wato bes, yana cin fili. Shi ya sa tun 1954 aka daidaita ƙa'idar rage shi sosai lokacin sassaƙa, a ƙara siririn sauti, sannan na'urar mai saurare ta mayar da kowanne gurbinsa. Sau da yawa injiniya kan tattaro bes ɗin hagu da dama ya haɗa a tsakiya don kada allura ta yi tsalle. A 1969 Bob Ludwig ya sassaƙa faifan Led Zeppelin na biyu da ƙarfin gaske, allurar ƙananan garmaho ta riƙa ficewa daga kwari, dole aka sake wani sassaƙar mai laushi. Ga kuma batun tazara: a bakin faifai kwarin yana wucewa ƙarƙashin allura da gudun kusan santimita 50 a daƙiƙa, a kusa da tsakiya kuwa ya sauko kusan 20. Saboda haka "Halftime" da "It Ain't Hard to Tell", waɗanda suka rufe fuskokin Illmatic biyu, suna zaune a inda faifai ya fi rauni.

Dijital kuwa awo yake yi. Yana duba tsayin igiyar sauti sau dubbai a daƙiƙa, ya rubuta kowane awo a matsayin lamba. CD, wanda Sony da Philips suka fito da shi a 1982, yana awo sau 44,100 a daƙiƙa da bit 16, wato matakai 65,536 na ƙarfin sauti. Mai babban awo yana kaiwa sau 96,000 ko 192,000 da bit 24, matakai sama da miliyan 16. Mutane da yawa na zaton abin da ke fitowa daga lasifika tsani ne mai hawa-hawa, wai ƙarin awo ne ke goge masa kaifi. Lissafin Harry Nyquist da Claude Shannon ya daɗe da nuna cewa ba haka abin yake ba: muddin awo ya ninka mafi siririn sautin da ake son kamawa, igiyar tana dawowa sumul. CD yana kama girgiza har 22,050 a daƙiƙa, kunnen yaro mai lafiya yana tsayawa a wajen 20,000, na babba kuma ƙasa da haka. Tsakanin mafi ƙarancin sauti da mafi ƙarfinsa, CD yana da faɗin desibel 96, baƙin faifai mai kyau yana wajen 60 zuwa 70.

A nan ne Illmatic ke rikita lissafin kowa. Na'urar da Pete Rock da Large Professor suka yi suna da ita ita ce SP-1200 ta kamfanin E-mu, wadda ta fito a 1987. Awonta sau 26,040 ne a daƙiƙa, bit ɗinta 12, matakai 4,096 kacal, kuma ba ta iya riƙe girgizar da ta haura kusan 13,000. Ƙwaƙwalwarta gaba ɗaya daƙiƙa goma ce, a rabe gida huɗu na daƙiƙa biyu da rabi. Don su cusa dogon kiɗa a wannan ɗan wuri, masu haɗa kiɗa sukan ɗauki faifan da ya kamata ya juya sau 33 a minti su juya shi sau 45, su yanko, sannan su sassauta gudun a cikin na'urar. Wannan dabarar rashi ita ta haifar da sautin nan mai tsatsa-tsatsa, mai kaushi a kunne, wanda yau ake kira sautin New York na zamanin zinare. Akai S950 da Premier ya fi riƙewa ita ma bit 12 ce. Saboda haka mai baƙin faifai da ke alfaharin cewa ya tsere wa dijital, dijital ɗin yake saurare, mai ƙaramin awo ma kuwa, an dai sassaƙa masa shi a roba. Shi kuma mai awo 192,000, abin da SP-1200 ta zubar a 1993 ba zai dawo masa ba. Mudun gero ɗaya ko a buhu mai cin tiya arba'in aka juye shi, mudu ɗaya ne.

Amma a yi adalci. Ba duk abin da ke cikin faifan ne ya bi ta wannan ƙunƙuntar ƙofa ba. Muryar Nas makirfo ta shiga kai tsaye, da numfashinsa da yadda yake haɗiye ƙarshen kalma. Haka ƙahon da mahaifinsa, Olu Dara, ya busa a ƙarshen waƙa ta uku, haka muryar mawaƙi AZ, haka karce-karcen faifai na Premier. Idan akwai inda babban awo zai iya yin rana, to a waɗannan ne, kuma ko a nan ya danganta da abin da aka sauke haɗin ƙarshe a kansa. Sitidiyoyin wancan zamani sukan sauke a kan tef na gargajiya, ko kuma a kan ƙaramin kaset ɗin dijital da ake kira DAT, mai bit 16. Faifan da uwarsa, wato abin da aka sauke haɗin ƙarshe a kansa, DAT ce, duk lambar da aka rubuta a jikin fayil ɗinsa daga baya, awon CD ne a ciki.

To, kunne yana iya raba gardamar? An daɗe ana gwada shi. Daga 1915 kamfanin Thomas Edison ya riƙa shirya taruka a manyan ɗakunan kallo na Amurka: mawaƙiya ta tsaya kusa da garmaho tana rera waƙa tare da faifanta, a kashe fitila, ta sulale daga dandamali, a kunna, jama'a su ga ashe na'ura ce kaɗai ke waƙa. Mutane sun yi ta rantsuwa cewa ba su ji bambanci ba, a kan na'urar da yau ko yaro zai ji ƙararta. Daga baya ɗaya daga cikin mawaƙan, Anna Case, ta bayyana cewa ita ce ta koyi kwaikwayon muryar na'urar. Kunne yana jin abin da ya shigo masa, yana kuma jin abin da aka gaya masa zai ji.

Gwaje-gwajen zamani sun fi tsauri. A 2007 Brad Meyer da David Moran na ƙungiyar masu sauti ta Boston suka buga sakamakon wani gwaji da suka yi: ana kunna faifai mai babban awo, wani lokaci a bar shi yadda yake, wani lokaci a bi da shi ta na'urar da ke sauke shi zuwa awon CD, mai saurare bai san wanne ne ba. Cikin gwaji 554 an canka daidai sau 276, daidai da jefa kwabo sama. An soki aikin da cewa wasu faifan da suka yi amfani da su ba daga babban awo na ainihi suka fito ba. A 2016 Joshua Reiss na jami'ar Queen Mary da ke Landan ya tattara bincike 18 masu gwaji sama da 12,000, ya samu cewa mutane na canka daidai kashi 52 da 'yan kai cikin ɗari, waɗanda aka horar kuma suna kaiwa wajen 60. Bambancin yana nan, amma siriri ne ƙwarai.

Meyer da Moran sun lura da wani abu da ya fi alƙaluman nasu amfani. Faifan masu babban awo da suka saurara sun fi yawancin CD daɗi, ko bayan an sauke su zuwa awon CD ɗin, domin injiniyoyin da suka yi musu gyaran ƙarshe sun yi aikin da natsuwa, ba su matse sautin don ya yi ƙara ba. Tun daga shekarun 1990 kamfanoni ke gasar wa zai fi ƙara a rediyo, ana danne sauti har duka ganga ya rasa kaifinsa. Baƙin faifai ba ya jure irin wannan matsi yadda CD ke yi, don haka wani lokaci a kan yi masa gyara dabam mai sassauci. Sau da yawa mai cewa faifansa ya fi fayil ɗin maƙwabcinsa rai gaskiya ya faɗa, sai dai hannun injiniya yake yabo alhali yana zaton robar yake yabo.

Tunda kunne bai kashe maganar ba, sai a koma ga masu tunani. A littafi na goma na Jamhuriya, Aflatun ya kawo misalin gado iri uku: siffar gado ta haƙiƙa wadda hankali kaɗai ke riska, gadon da kafinta ya ƙera, da gadon da mai zane ya zana. A wurinsa mai zane ya yi nisa da gaskiya, domin kwaikwayon kwaikwayo yake yi, kuma duk taki ɗaya daga asali ragi ne. A tsakiyar shekarun 1930 Walter Benjamin ya dubi zamanin hoto da fim da garmaho ya ce aikin fasaha na asali yana da wani kwarjini da ke zuwa daga kasancewarsa a wuri ɗaya, a lokaci ɗaya, da tarihin hannayen da ya ratsa. Na'urar da ke buga dubban kwafi tana ƙafar da wannan kwarjini. Masoya baƙin faifai almajiran Benjamin ne ko ba su karanta shi ba, sai dai sun ɗauki kwarjinin sun ɗora wa abin da shi yake gani a matsayin mai kashe shi: bugun farko na 1994, mai kwalin da ya fara dusashewa. Masu babban awo kuma almajiran Aflatun ne, suna neman rage taki tsakaninsu da siffa ta haƙiƙa, wadda suka sa wa suna uwar tef.

Hip-hop bai amsa wa ko ɗaya daga cikin malaman biyu ba, domin da kwafi aka haife shi. Ranar 11 ga Agusta, 1973, wata ɗaya kafin haihuwar Nas, Clive Campbell, ɗan asalin Jamaika da aka fi sani da DJ Kool Herc, ya yi kiɗa a wani biki da ƙanwarsa Cindy ta shirya a gida mai lamba 1520 a titin Sedgwick da ke Bronx. Dabarar da ya shahara da ita ita ce ya sayi faifai iri ɗaya guda biyu, ya ɗora kowanne a garmahonsa, idan wurin da ganga ke kaɗawa ita kaɗai ya ƙare a wannan sai ya tayar da shi a wancan. Faifan da masana'anta ta buga dubbai ya koma kayan kiɗa a hannun mutum ɗaya. Illmatic jikan wannan dabara ne. Fiyanon Joe Chambers na cikin "N.Y. State of Mind", kalimbar da ke "One Love" daga faifan Heath Brothers na 1975, "Human Nature" ta Michael Jackson a ƙarƙashin "It Ain't Hard to Tell": babu wata rana, babu wani ɗaki, da waɗannan mutane suka zauna tare da Nas suka yi kiɗa. Wanda ya naɗi ƙungiyar makaɗa a zaure yana iya cewa yana neman abin da aka ji a zauren. A nan zauren bai taɓa wanzuwa ba. Aikin ya fara rayuwa ne a matsayin naɗi, kuma kowane taki da Aflatun zai kira ragi, masu aikin zaɓarsa suka yi da gangan don abin da yake ƙarawa. Shi ya sa Dave Rossum, wanda ya ƙera SP-1200, ya sake fito da ita a 2021 da bit 12 ɗinta, a farashin kusan dala 4,000, aka kuma yi layi.

Batun ƙarar ƙura ya ƙara fito da abin fili. A kiɗan wannan zamani, idan aka kasa kunne, ana jin ɗan ƙas-ƙas ɗin tsohon faifan da aka yanko, yana dawowa a wuri ɗaya duk sanda kiɗan ya zagayo. Wannan ƙurar ta zama ɓangaren aikin, kamar yadda gangar take. Mai sauraren dijital duk ƙas-ƙas ɗin da ya ji ya san na mai haɗa kiɗan ne, daga wani faifai da ya tsufa a wani shago na New York. Mai sauraren baƙin faifai yana jin ƙura biyu a cakuɗe, ta aikin da ta ɗakinsa, kuma tasa tana ƙaruwa duk shekara. Ta wannan fuska dijital ya fi riƙe amanar tsohon faifan da aka yanko fiye da yadda sabon faifai ke riƙe ta.

Amana ce kuwa ta zama jigon babbar badaƙalar da ta girgiza masoya baƙin faifai a 2022. Kamfanin Mobile Fidelity, wanda tun 1977 ake girmamawa saboda sassaƙa faifai daga uwar tef, ya sanar da bugu na musamman na Thriller, faifan da "Human Nature" ke ciki, kwafi 40,000. Masu lura suka fara lissafi: irin wannan bugu yana buƙatar a yi ta sake sassaƙa, wane kamfani ne zai yarda a juya uwar tef ɗin Michael Jackson sau da yawa haka? A watan Yuli wani mai shagon faifai a Phoenix, Mike Esposito, ya fito ya faɗi abin da ya ji, sannan ya je har ma'aikatar kamfanin a Kalifoniya, inda injiniyoyin suka tabbatar masa a gaban kyamara cewa sukan fara kwafe tef zuwa dijital mai babban awo, daga nan su sassaƙa, abin da ya tabbata suna yi tun wajen 2011. Shekara goma manyan masu sharhi suna yabon waɗannan faifai a matsayin hujjar cewa dijital ba zai taɓa kamo tef ba. Kamfanin ya nemi afuwa, an kai ƙara, aka sasanta a kan kuɗin da aka ƙiyasta sun kai dala miliyan 25. Faifan da ke kan kantar masu saye bai canja ko da ƙwayar zarra ba tsakanin Yuni da Agusta. Duk da haka fushinsu yana kan hanya.

Wanda ya zauna gaban malaman hadisi zai gane dalilin nan take. Darajar hadisi dabam, ta waƙa dabam, babu mai haɗa su; abin da ake aro a nan hanyar tunani ce, domin ba a yi wasu mutane da suka zurfafa bincike kan yadda magana ke tafiya daga hannu zuwa hannu kamarsu ba. Sun yi saɓani kan ko wajibi ne a ruwaito da lafazi ko ya halatta a ruwaito da ma'ana. Muhammadu ɗan Sirin ya tsananta a kan lafazi, Hasanul Basari ya sauƙaƙa ga wanda ya san harshe ya kuma san abin da ke canja ma'ana. Dukansu mutanen Basra ne, dukansu sun rasu a shekara ta 110 bayan Hijira, kuma al'umma ta karɓa daga kowannensu. Abin da malaman suka haɗu a kan aibata shi shi ne tadlisi: mai ruwaya ya ɓoye wanda ya ji daga wurinsa, ya yi amfani da lafazin da zai sa a zaci kai tsaye ya ji daga na sama. Ko da maganar ta tabbata ingantacciya ta wata hanya, ɓoyewar aibi ce a kan mai yin ta. Dijital marar ragi ya yi kama da ruwaya da lafazi, kwafi na dubu daidai yake da na farko lamba bayan lamba. Baƙin faifai ya yi kama da ruwaya da ma'ana, yana wucewa ta hukuncin mai sassaƙa, kuma a hannun gwani yakan fito da kyau na musamman. Duka biyun karɓaɓɓu ne. Laifin Mobile Fidelity shi ne ya ɓoye mutum ɗaya a cikin sarƙar, kuma kamfanin da ya ɗauki fayil mai awon CD ya kumbura shi ya sayar da sunan babban awo shi ma laifin nan ya aikata.

Wannan ba ya nufin masoyin baƙin faifai ruɗu yake bi. Abin da yake samu na gaske ne, kunne ne kawai ba shi ne mazauninsa ba. Fuskokin Illmatic biyu suna da suna, "40 Side North" da "41st Side South", daga titunan da suka ratsa Queensbridge, kuma "Halftime" ta faɗo daidai inda mutum zai tashi ya juya faifan. Wanda ya zare shi daga kwali, ya dubi hoton Nas yana yaro da aka ɗora a kan titin unguwarsu, ya share ƙura, ya sauke allura, ya ɗaure kansa da minti ashirin na saurare ba tare da tsallake waƙa ba. Ga faifan da kowane baiti yake cike da ciki, wannan ɗaurin ba ƙaramar riba ba ce. Yana kuma riƙe da irin kayan da Herc da Premier suka yi aiki da shi, yana iya dafa shi da yatsa ya ja baya. Amma son abin riƙewa yana iya rabuwa da saurare gaba ɗaya: wani binciken kamfanin Luminate da aka fitar a 2023 ya nuna rabin waɗanda suka sayi faifan garmaho a Amurka ne kawai ke da na'urar kunna shi. Su kuwa samarin 1994 da suka fara haddace faifan, akasarinsu a kaset da CD suka ji shi, wasu ma a kaset ɗin satar fasaha da ya cika titunan New York tun kafin ranar fitowa, kuma su ne suka kai shi inda ya kai.

Idan ana neman abin da ya fi kusa da haɗin da aka kammala a sitidiyo, dijital marar ragi daga gyara mai kyau shi ne amsa, kuma ga wannan faifai awon CD ya ɗauke kusan duk abin da ke akwai. Idan ana neman zama da faifan yadda al'adar da ta haife shi ke zama da faifai, baƙin faifai ne. Tambayar da ta dace mai saye ya yi wa kowannensu guda ce: daga wace uwa aka ɗauko, wa ya yi gyaran ƙarshe, me ya taɓa? Tsofaffin injiniyoyi sun san nauyin wannan tambaya, shi ya sa sukan karce sunansu a ɗan filin da ke tsakanin waƙar ƙarshe da takardar tsakiya, kamar RL na Bob Ludwig ko hatimin Rudy Van Gelder a faifan jaz, masu tara faifai kuma sukan karkata shi ga fitila su duba kafin su biya.

A watan Maris na 2021 Ɗakin Karatu na Majalisar Dokokin Amurka ya sanya Illmatic cikin jerin naɗe-naɗen da ƙasar ta ɗauki alkawarin adanawa. Ma'ajiyar sauti ta ɗakin karatun tana Culpeper a jihar Virginia, a wani gini da ke cikin tsauni wanda a zamanin Yaƙin Cacar Baka babban bankin ƙasar ya tanada don ɓoye kuɗi. Ma'aikatan irin waɗannan ma'ajiyoyi ba sa zaɓar ɓangare a gardamar. Suna ajiye faifai da tef a ɗaki mai sanyi, suna kuma kwafe su zuwa dijital, galibi a awo 96,000 da bit 24, domin mai adanawa yana son ya kama har abin da kunnensa bai ji ba saboda masu gyara na gobe. Nau'in fayil ɗin da suke amfani da shi yana da wani gurbi na musamman a kansa, inda ake rubuta tarihin kwafin: daga wane abu aka ɗauko, da wace na'ura aka kunna shi, da wace aka mayar da shi lambobi, da kuma a wane awo.